Daga walkin maƙeri zuwa Zaki da Rana: Ma'anar alamomin Farisa da ake jayayya a kansu a Iran

A ƙarshen watan Nuwamban 2022, ana tsakiyar gasar cin kofin duniya a Qatar, hukumar ƙwallon ƙafa ta Amurka ta wallafa jadawalin rukunin da take ciki a shafukanta na sada zumunta. Tutar Iran da ta sanya a jadawalin na ɗauke da launukanta uku, kore da fari da ja, amma babu jan tambarin da ke tsakiya.

Hukumar ta ce ta yi hakan ne don mara wa matan Iran baya a zanga-zangar da ta ɓarke bayan mutuwar Mahsa Amini a hannun 'yan sandan ɗa'a. Mahukuntan Tehran suka fusata, hukumar ƙwallon Iran ta ce za ta kai ƙara gaban FIFA. Daga baya aka goge hoton, kocin Amurka Gregg Berhalter kuma ya nemi afuwa kafin wasan da ƙasashen biyu suka buga ranar 29 ga watan.

A waɗancan makonnin, dubban Iraniyawa mazauna Berlin da Toronto da Los Angeles sun riƙa fitowa kan tituna da wata tutar daban. Launukan su ne dai, sai dai a tsakiyarta akwai zaki riƙe da takobi, rana na ɓullowa ta bayansa.

Ga wanda ke kallo daga nesa, zane ne kawai a jikin ƙyalle. Ga ɗan Iran kuwa, tutar da mutum ya ɗaga tana faɗin ɓangaren da yake, kuma a cikin ƙasar tana iya kai shi gidan yari. Ga bayanin manyan alamomin ƙasar da Hausawa suka fi sani a littattafan tarihi da sunan Farisa, wadda a 1935 sarkinta Reza Shah ya nemi ƙasashen duniya su riƙa kiran ta Iran.

Tambarin tutar yanzu

Tutar da Iran ke amfani da ita an amince da ita ne a watan Yulin 1980, shekara guda da 'yan watanni bayan juyin juya halin da ya kifar da sarautar gidan Pahlavi. Wani masanin zanen gine-gine mai suna Hamid Nadimi ne ya zana tambarin, Ayatollah Ruhollah Khomeini kuma ya amince da shi a watan Mayun shekarar.

Tambarin ya ƙunshi jinjirin wata guda huɗu da takobi a tsaye a tsakiyarsu, sai alamar shadda ta rubutun Larabci a saman takobin. Idan aka haɗa su, suna ba da kalmar Allah. Sassan biyar ɗin kuma ana fassara su da ginshiƙan aƙida biyar a wajen 'yan Shi'a: tauhidi da adalci da annabci da imamanci da tashin alƙiyama.

An kuma tsara siffarsa ta yi kama da furen tulip, wanda Iraniyawa ke kira lale. A tsohuwar al'adarsu, idan matashi ya mutu yana kare ƙasarsa, jan furen nan ne ke tsirowa a inda jininsa ya zuba. Shi ya sa ake ganin zanensa a maƙabartu da bangon gidaje tare da hotunan waɗanda suka rasu a yaƙin Iran da Iraƙi na 1980 zuwa 1988.

Masu ilimin hisabi za su lura da wani abu. Haruffan da ake rubuta lale da su a Farisanci, wato lam biyu da alif da ha, su ne haruffan Allah, kuma su ne na hilal. Duk kalmomin uku na ba da 66 a lissafin abjadi.

A gefen koren layi da ke taɓa farin, an rubuta Allahu Akbar sau 11 da rubutun Kufi. An sake rubuta ta sau 11 a gefen jan layi. Jimillar 22 na nuni ne ga ranar 22 ga watan Bahman a kalandar Iran, wadda ta yi daidai da 11 ga Fabrairun 1979, ranar da juyin juya halin ya yi nasara.

Zaki da Rana

Da yawa na ɗaukar Zaki da Rana a matsayin tambarin Shah na ƙarshe, Mohammad Reza Pahlavi. Alhali alamar ta girme gidansu da ɗaruruwan shekaru.

Asalinta daga ilimin taurari ne. Masana falaki na da sun ce burujin Zaki, wanda Larabawa ke kira Asad, shi ne gidan rana, kuma a nan take kaiwa ƙololuwar ƙarfinta. Daga ƙarni na 12 aka fara ganin zanen a jikin tasoshin ƙarfe da tukwane. Wajen shekarar 1240, Sarkin Saljuƙawan Rum, Kaykhusraw na Biyu, ya buga shi a jikin dirhamin azurfarsa a ƙasar da yanzu take Turkiyya.

Da daular Safawiyya ta kafu a 1501 ta mayar da Shi'anci mazhabar hukuma, sai zakin ya sami sabuwar fassara. Aka danganta shi da Sayyidina Aliyu bin Abi Ɗalib, wanda ake wa kirari da Asadullahi, wato Zakin Allah. Ranar kuma ta ci gaba da zama alamar sarauta, kamar yadda take tun a labaran tsohon sarki Jamshid.

A zamanin gidan Ƙajar aka damƙa wa zakin takobi, wanda jama'a ke fassarawa da Zulfiƙar. Sarki Fath Ali Shah ya kafa lambar girmamawa ta Zaki da Rana a 1808. Bayan juyin juya halin neman tsarin mulki na 1906, dokar da aka yi a 1907 ta ayyana kore da fari da ja a matsayin launukan tutar ƙasa, da Zaki da Rana a matsayin tambarinta.

A zanen zamanin Ƙajar, ranar tana da fuska mai idanu da gira a haɗe. A lokacin Reza Shah, wanda ya hau mulki a 1925, aka share fuskar, aka ƙara wa zakin kwarjini, aka ɗora kambin Pahlavi a sama.

Alamar ta shiga har cikin dokokin yaƙi na duniya. A da, ƙungiyar agaji ta Iran sunanta Jan Zaki da Rana, kuma a 1929 aka amince da tambarinta a Geneva tare da jan kuros da jan jinjirin wata. A 1980 sabuwar gwamnati ta koma amfani da jan jinjirin wata, sai dai har yanzu sunan jan zaki da rana na nan a cikin yarjejeniyoyin Geneva na 1949.

Bayan 1979 an kankare Zaki da Rana daga gine-ginen gwamnati da kuɗi da fasfo. Yau masu son a dawo da sarauta, magoya bayan Reza Pahlavi ɗan tsohon Shah, su suka fi ɗaga ta. Ƙungiyar Mujahidin Khalq, wadda ba ta ga maciji da 'yan sarautar, ita ma tana amfani da ita. Akwai kuma 'yan adawa, musamman a cikin Kurdawa da masu ra'ayin jamhuriya, da ke gudun ta saboda tana tuna musu da 'yan sandan ciki na SAVAK da azabtarwar zamanin Shah.

Faravahar, mutum mai fukafukai

Duk wanda ya shiga kasuwar Isfahan ko Shiraz zai ga ana sayar da sarƙoƙin wuya masu hoton wani dattijo mai gemu, wanda ya fito daga cikin zobe mai dogayen fukafukai biyu. Hannunsa ɗaya a ɗage, ɗayan riƙe da ƙaramin zobe. Wannan shi ne Faravahar.

Zanen faifai mai fukafukai ya samo asali ne daga tsohuwar Masar, ya ratsa ta Assuriya, kafin sarakunan Farisa na gidan Hakhamanesh su ɗauke shi. Ana ganin sa a jikin dutsen Bisotun kusa da Kermanshah, inda wajen shekara ta 520 kafin Miladiyya Sarki Dariyus na Ɗaya ya sa aka sassaƙa labarin nasararsa da harsuna uku. A hoton, sarkin ya taka abokin gabarsa da ƙafa, fursunoni tara na tsaye a gabansa da igiya a wuya, Faravahar na shawagi a samansu.

Masana sun kasu uku a kan abin da yake nufi a wancan zamani. Wasu sun ce hoton Ahura Mazda ne, abin bautar mabiya Zaradasht. Wasu sun ce fravashi ne, ruhin da ke tsaron kowane mutum. Wasu kuma sun ce farr ne, wato kwarjini da sa'ar da ake ganin ana saukar wa sarki daga sama, waɗanda ke barin sa ranar da ya fara zalunci ko ƙarya.

Fassarar da ta fi yaɗuwa a yau ta zamani ce. Ana cewa layuka uku na gashin fukafukan na nufin kyakkyawan tunani da kyakkyawar magana da kyakkyawan aiki, waɗanda su ne ginshiƙan koyarwar Zaradasht. Layuka uku na jelar na nufin kishiyoyinsu, zoben hannun kuma alƙawari ne da riƙon amana.

Mabiya wannan addini su ne Larabawa ke kira Majus, sunan da ya zo sau ɗaya a Alƙur'ani, a cikin Suratul Hajji. Masana harshe da dama na ganin daga wannan kalma Hausawa suka samo sunan Maguzawa. Duk mai zuwa Maulidi kuma ya sha jin labarin wutar Farisa da ta mutu da fadar Kisra da ta tsage a daren haihuwar Manzon Allah (SAW). Su dai mabiya addinin suna cewa wuta a wurinsu alama ce ta haske da tsarki, Ahura Mazda suke bauta wa.

Ƙidayar 2011 ta nuna yawansu a Iran bai wuce kimanin 25,000 ba. Tsarin mulkin ƙasar ya amince da su tare da Yahudawa da Kiristoci, kuma suna da kujera ɗaya a majalisar dokoki mai kujeru 290. 'Yan'uwansu da suka yi hijira zuwa Indiya su ake kira Parsi, kuma daga cikinsu iyalan Tata masu kamfanin motoci suka fito.

Ke nan mafi yawan masu rataya Faravahar a wuya a Iran Musulmi ne. Wasu don ado suke sawa, wasu don alfahari da tarihin ƙasarsu, wasu kuma hanya ce ta nuna wa malaman da ke mulki rashin gamsuwa ba tare da sun buɗe baki ba.

Tutar Kaveh maƙeri

Tsohuwar tutar Farisa, Derafsh Kaviani, labarinta na cikin Shahnameh, littafin sarakuna da Firdausi ya shafe kimanin shekara 30 yana tsarawa, ya kammala a 1010. Littafin na da baiti kusan 50,000.

Labarin ya ce an yi wani azzalumin sarki mai suna Zahhak, wanda macizai biyu suka tsiro a kafaɗunsa. Ba sa lafawa sai an ciyar da su ƙwaƙwalwar samari biyu a kullum. Wani maƙeri mai suna Kaveh ya rasa 'ya'yansa ɗaya bayan ɗaya ta wannan hanya. Da aka zo kan na ƙarshe, ya shiga fada ya yi wa sarki tsawa a gaban fadawa, ya yayyaga takardar da aka nemi ya sa wa hannu cewa sarkin adali ne.

Da ya fito, sai ya kwance walkin fatar da yake ɗaurawa a maƙera, ya soke shi a kan mashi, ya ɗaga, ya shiga kasuwa yana kiran jama'a. Suka bi shi har wurin Fereydun, wani saurayi jinin sarauta, wanda ya kayar da Zahhak ya ɗaure shi a cikin dutsen Damavand, dutse mafi tsayi a Iran. Fereydun ya ƙawata walkin da alharini da duwatsu masu daraja, da jelar ƙyalle ja da rawaya da shunayya.

Labarin Kaveh tatsuniya ce, amma tutar ta wanzu. Ita ce tutar yaƙin daular Sasaniyawa, wadda sarakunanta Larabawa ke kira Kisra. Malaman tarihi na Musulunci sun ruwaito cewa ta faɗa hannun rundunar Sa'ad bin Abi Waƙƙas a yaƙin Ƙadisiyya wajen shekara ta 636, a zamanin halifancin Sayyidina Umar, kuma an cire duwatsun da ke jikinta an sanya su cikin ganima.

Duk da haka sunan bai mutu ba. A 1916, ɗan siyasa Hasan Taqizadeh ya kafa mujalla a Berlin ya sa mata suna Kaveh, yana adawa da katsalandan ɗin Rasha da Ingila a ƙasarsa. Kurdawa, waɗanda ke kiran maƙerin Kawa, na kunna wuta a kan duwatsu duk sabuwar shekara don tunawa da shi. Tajikistan, mai magana da wani reshe na Farisanci, ta sanya hoton Derafsh Kaviani a tutar shugaban ƙasarta.

Tsuntsaye biyu: Simurg da Homa

Simurg wata ƙatuwar tsuntsuwa ce mai hikima da sanin magani. A Shahnameh, an haifi wani yaro mai suna Zal da farin gashi fat, mahaifinsa ya ji kunya ya sa aka yar da shi a dutse. Simurg ta ɗauke shi ta rene shi a sheƙarta. Da zai koma gida ta ba shi gashinta, ta ce ya ƙona shi duk ranar da ya shiga tsanani. Ya yi hakan a lokacin da naƙuda ta yi wa matarsa tsanani, tsuntsuwar ta zo ta koya masa yadda za a tsaga cikin a ciro jaririn. Jaririn shi ne Rostam, gwarzon gwarazan Farisa.

Sufaye sun ba ta wata ma'anar. A littafin Manɗiƙuɗ Ɗair na Fariduddin Attar, mutumin Nishapur, tsuntsayen duniya sun bi Alhudahuda neman sarkinsu Simurg. Suka ratsa kwaruruka bakwai, akasarinsu suka halaka ko suka juya. Talatin kaɗai suka isa, kuma abin da suka tarar shi ne surar kansu. A Farisanci, si na nufin talatin, murg kuma tsuntsu.

Yau babbar kyautar bikin fina-finai na Fajr a Tehran sunanta Simurg, haka ma ɗaya daga cikin rokokin da Iran ke harba tauraron ɗan'adam da su.

Homa kuwa tsuntsun sa'a ne. An ce ba ya sauka ƙasa, kuma duk wanda inuwarsa ta faɗa a kansa zai yi sarauta. Shi ne a jikin jelar jiragen Iran Air. Wani matashi mai suna Edward Zohrabian ya zana tambarin a farkon shekarun 1960, ya kwaikwayo shi daga kawunan ginshiƙan tsohon birnin Persepolis. Juyin juya halin 1979 bai taɓa shi ba.

Itacen sarw

Sarw dogon itace ne siriri da ba ya kaɗe ganye, rani da hunturu. Iraniyawa na yi masa laƙabi da azad, wato 'yantacce, kuma mawaƙansu na kwatanta tsayin masoyi da shi. A garin Abarkuh na lardin Yazd akwai wani da tsayinsa ya kai mita 25, wanda ake ƙiyasta ya haura shekara 4,000.

Akwai labarin wani sarw ɗin a Kashmar da aka ce Zaradasht ne ya dasa shi. A shekara ta 861, Halifa Mutawakkil na Abbasiyawa ya ba da umarnin a sare shi a kai katakonsa Samarra don ginin fadarsa. Mutanen yankin suka roƙa, suka yi tayin kuɗi, ba a saurare su ba. Ruwayar ta ce kafin raƙuman su iso da katakon, dogaran halifan sun kashe shi.

Mai karatu ya san wannan itace ko da bai taɓa ganin sa ba. Zanen nan mai kama da ɗigon ruwa mai lanƙwasasshen kai, da ake gani a jikin darduma da gyale da rawani, shi Iraniyawa ke kira boteh. Fassarar da ta fi shahara ita ce sarw ne da iska ta rusunar da kansa amma bai karye ba. Daga Farisa ya je Kashmir, daga can Turawa suka kwaikwaye shi a masaƙun garin Paisley na Scotland, har sunan garin ya bi zanen.

Nowruz da sin bakwai

Sabuwar shekarar Iran, Nowruz, na kamawa ne a ranar 20 ko 21 ga Maris, lokacin da tsawon dare da na yini ke daidaita, sanyi ke wucewa, itatuwa ke tohowa. Kalandar ƙasar na ƙirga shekaru daga Hijira, amma da lissafin rana take tafiya.

Kowane gida na shimfiɗa teburin da ake kira haft sin, mai ɗauke da abubuwa bakwai da sunansu ke farawa da harafin sin. Akwai sabze, tsiron alkama, alamar sabuwar rayuwa. Akwai samanu, wani kunu mai zaƙi da ake yi da tsiron alkama, alamar wadata. Senjed, busasshen ɗan itace mai kama da magarya, na wakiltar soyayya. Sir, wato tafarnuwa, magani ce. Sib, wato tuffa, kyau da lafiya. Somaƙ, wani jan gari mai tsami, launin fitowar rana. Na bakwai shi ne serke, ruwan khal, alamar haƙuri da tsufa.

Ana ƙara madubi da kyandir da ƙwai masu fenti. Gidaje da dama na ajiye Alƙur'ani a kan teburin, wasu kuma diwanin mawaƙi Hafiz, wasu duka biyun. A rana ta 13 iyalai na fita daji shan iska, su jefa tsiron alkamar a ruwa mai gudu.

Wasu malamai sun so rage armashin bikin bayan 1979, musamman al'adar tsallake wuta da ake yi a daren Larabar ƙarshe ta shekara. Jama'a ba su bari ba. Yanzu jagoran addinin ƙasar da kansa kan yi jawabin Nowruz, ya raɗa wa shekarar take. A 2010 Majalisar Ɗinkin Duniya ta ayyana 21 ga Maris a matsayin ranar Nowruz ta duniya.

Sairus da bikin da ya ja wa Shah baƙin jini

Persepolis, wanda Iraniyawa ke kira Takht-e Jamshid, na da nisan kimanin kilomita 60 daga Shiraz. Dariyus ya fara gina shi wajen shekara ta 518 kafin Miladiyya, Iskandar na Masedoniya ya ƙone shi a 330. A jikin matakalarsa akwai hotunan tawagogi 23 na al'ummomin daular suna kawo gaisuwa, da hoton zaki yana kama bijimi.

A watan Oktoban 1971, Shah ya kafa tantuna na alfarma a wurin, ya gayyaci sarakuna da shugabanni, ciki har da Haile Selassie na Habasha, don bikin cika shekara 2,500 da kafa daular Farisa. An kawo abinci da masu dafa shi daga Paris, a lokacin da ƙauyuka da yawa ba su da ruwan famfo. Khomeini, daga gudun hijira a Najaf, ya yi tir da bikin.

Shah bai tsaya nan ba. A 1976 ya sauya kalanda, ta koma ƙirga shekaru daga sarautar Sairus maimakon Hijira. Cikin dare ɗaya shekarar 1355 ta zama 2535. Fushin jama'a ya sa aka soke sauyin a 1978, amma bakin alƙalami ya riga ya bushe.

Sairus ɗin, wanda Iraniyawa ke kira Kurosh, shi ya ci Babila a 539 kafin Miladiyya. An tono wani dunƙulen yumɓu mai ɗauke da sanarwarsa a 1879, yanzu yana gidan tarihi na Birtaniya a Landan. Gwamnatin Shah ta kira shi kundin haƙƙin ɗan'adam na farko, ta ba Majalisar Ɗinkin Duniya kwafinsa a 1971. Masana tarihi da dama na ganin an yi ƙari a wannan suna, domin sarakunan Babila sun saba rubuta irin wannan sanarwa idan sun hau mulki. Wasu malaman Musulunci, irin su Abul Kalam Azad na Indiya, sun tafi a kan cewa Sairus ne Zulƙarnaini, ra'ayin da wasu malaman ba su karɓa ba.

A ƙarshen Oktoban 2016 dubban mutane suka taru a kabarinsa da ke Pasargad, taron ya rikiɗe ya zama na sukar gwamnati. Tun daga lokacin hukumomi kan toshe hanyoyin wurin idan ranar ta zagayo.

Gwamnatin malamai ta waiwayi tsoffin alamomi

Yaƙin kwana 12 da Isra'ila a watan Yunin 2025 ya nuna cewa ita ma gwamnati ta san nauyin waɗannan alamomi. A dandalin Vanak na Tehran an kafa mutum-mutumin Arash maharbi, gwarzon tatsuniya da aka ce ya zuba dukan ransa a cikin kibiya guda don shata iyakar Iran, ya harba ta, ya faɗi matacce.

A daren Ashura na shekarar, Ayatollah Ali Khamenei ya nemi mai waƙen juyayi Mahmoud Karimi da ya rera waƙar kishin ƙasa a wurin taron. A watan Nuwamba kuma aka buɗe mutum-mutumin Sarki Shapur na Ɗaya a dandalin Enghelab, yana kan doki, Sarkin Rum Valerian na durƙushe a gabansa. An kwaikwayo shi ne daga sassaƙar dutsen Naqsh-e Rostam, mai tuna kamun da Farisawa suka yi wa Valerian a shekara ta 260. Shapur dai sarkin Sasaniyawa ne, mabiyin Zaradasht, irin sarakunan da juyin juya halin ya taso yana la'anta.

Masu suka sun ce gwamnati na aron rigar da ta daɗe tana yagawa ne saboda ta ga jama'a na ja da baya. Magoya bayanta kuma sun ce Musulunci da kishin Iran ba su taɓa rabuwa ba, suna kafa hujja da Salmanul Farisi da Imam Bukhari da Ibn Sina da Gazali, waɗanda duk daga wannan yanki suka fito.

Wata matsalar ita ce ba duk ɗan Iran ne Bafarishe ba. Akwai Azarawa da Kurdawa da Lurawa da Larabawan Khuzestan da Baluchawa da Turkumawa, kuma wasunsu na ganin yawan ambaton Sairus da Persepolis na mayar da su saniyar ware a ƙasarsu. Shi ya sa a zanga-zangar 2022 wasu suka zaɓi ɗaga tuta mai launuka uku, tsakiyarta wayam, ko kuma an rubuta kalmomin mace da rayuwa da 'yanci a wurin.

Kore da fari da ja dai sun tsallake faɗuwar gidan Ƙajar a 1925 da ta gidan Pahlavi a 1979, kuma babu wani babban ɓangare da ke neman a sauya su. Rigimar duk a kan abin da za a ɗora a farin layin tsakiya take.